Ranar Da Na Ci Kazar Alƙali

Ba zan taɓa mantawa da walimar Honorabul Lawan Walƙiya ba, ko da kuwa zan manta da yawan haƙoran da suka rage a bakina.

A ƙauyenmu na ƙasar Roni ba mai kirana da sunan yanka. Kowa Alƙali yake ce mini, don ni nake busa usur idan samari suna buga ƙwallo a filin firamare. (Karatuna bai wuce firamaren ba, dokokin ƙwallon ma a rediyo na tsince su.) Lawan yana cikin yaran da na yi wa alƙalanci. Daga filinmu ya tafi babban kulob a birni, da gwiwa ta gaza ya shiga siyasa, har ya ci ɗan majalisar jiha.

Da aka sa walimar murna a Kazaure, na cika majalisarmu da baki. Na ce Lawan ba zai zauna ba sai ya ga na zauna. Abokina Habu mai faci ya ce, "Kai da ka ba shi jan kati saboda ya ce ba ka gani?" Na ce ya zo ya ga ikon Allah. Na karɓo aron babbar riga wurin surukina, Habu ya goya ni a babur.

Muna tsaye a rana can bayan rumfa sai mai gabatarwa ya ce, "Muna roƙon mai girma Alƙali ya ƙaraso babban tebur." Na dubi Habu, na gyara hula. Ya riƙe mini hannun riga, ya ce, "Anya kai ne?" Na ce, "Alƙali nawa ka sani?"

Na ratsa mutane suna darewa. Wani ɗan sanda har ya sara mini. Aka zaunar da ni a kujera mai laushi, ga farantin gasasshiyar kaza an rufe. Ban jira kowa ba, na yi bisimilla.

Ina tsakiyar cinya sai wani dattijo ya durƙusa kusa da ni, ya ce, "Allah ya gafarta Malam, maganar iyakar gonar nan tawa fa?" A nan ya kamata mai hankali ya farka. Ni kuwa na tsotse ƙashi na ce, "In dai ta haye layi, ai ta fita." Mutumin ya tashi yana godiya. (Har yau ban san gonar wa na bayar ba.)

Sai na ga inuwa a kaina. Wani malami ne fari, da rawani da alkyabba, mutum biyu na biye da shi. Alƙalin kotun shari'a ne, na gaske. Ya dubi kujerarsa, ya dubi ƙasusuwan kazarsa, ya dube ni. Na yunƙura zan tashi, rigar aro ta maƙale a hannun kujera, usur ɗina ya faɗo daga aljihu ya gangara har gaban takalminsa.

Lawan ya taso ya ɗauki usur ɗin, ya karɓi makirfo yana ƙunshe dariya. Ya ce, "Allah ya gafarta Malam, a yi masa afuwa. Shi ma alƙali ne. Baba ne ya fara yanke mini hukunci a duniya, kuma ba a ɗaukaka ƙara a kotunsa."

Rumfa ta ɗauki dariya. Alƙalin ya ce, "To abokin aiki, kazar ta wuce, kujerar dai nake roƙo."

Na ce, "Ranka ya daɗe, ai dama ɗumama maka ita nake yi."

Lawan ya sa aka kawo mini kujerar roba a gefensa, ya raɗa mini, "Baba, ka yarda yanzu ba ka gani?" Na yarda. Na kuma faɗa masa jan katin nan zalunci ne, ya ce ya yafe tun tuni.

A hanya babur ɗin ya yi ta rawa saboda dariyar Habu. Kafin mu isa gida labari ya riga mu, kuma sunana ya ƙaru, na zama Alƙalin Kaza.

Yanzu in na ji an kira sunana a taro, sai na waiga na ga ko akwai mai rawani a kusa. In babu ma, nakan bari a kira sau biyu.