Rasuwar Alƙalin Gareji

Da zuciya mai cike da baƙin ciki, da hannun dama naɗe cikin bandeji, Baban Gareji yana sanar da 'yan'uwa, abokan sana'a da direbobin manyan motoci rasuwar ƙamusunsa mai magana, wanda aka fi sani da Alƙali. Bai yi jinya ba. Kashe shi aka yi, da rana tsaka, a gaban mutane.

Marigayin bai wuce tafin hannu ba. Baƙi ne, mai murfi, mai ƙananan madannai. 'Yar Baba ta fari ce ta kawo masa shi tsaraba, tun gemunsa bai yi fari ba. Baba bai yi nisa a boko ba, bai kuma taɓa jin kunyar haka ba. Da yatsa ɗaya mai baƙin mai yake danna kalma, marigayin ya faɗe ta da muryar wata Baturiya mai mura, ya kawo ma'ana, Baba ya juya wa jama'a.

Garejin nan mahaɗa ce. Direbobi na zuwa daga ƙasashe dabam-dabam, kowa da irin Turancinsa. Ƙarfe ɗaya a jikin mota, kowa da sunan da yake kiransa. Kalmar da wani ke gaida amininsa da ita, a garin wani zagin uwa ce. Kafin zuwan marigayin, da wuya a yi mako ba a zubar da jini a kan irin wannan ba. Mai faci har yau da rabin kunne yake yawo.

Sai Baba ya kafa doka. Wanda aka jefa wa kalmar da bai gane ba, ba zai ɗaga hannu ba sai ya kawo ta tebur. A danna wa Alƙali. In ya san ta, a ji hukunci. In ya yi ƙarar nan tasa, ƙit-ƙit, to babu wannan kalma a duniya, kuma ba a dukan mutum a kan abin da babu. Kowa ya koma ƙarƙashin motarsa.

Marigayin ɗan gidan mutunci ne. Turancin littafi kaɗai ya sani. Na tasha da na mashaya ba su taɓa shiga bakinsa ba. Don haka yawancin shari'unsa da ƙit-ƙit suke ƙarewa. Haƙoran da wannan ƙara ta tsirar a garejin nan, Allah kaɗai ya san yawansu.

Ajali ya biyo ta hannun surukin Baba, mijin autarsa, mai gyaran wutar mota, wanda ya sayi sabuwar waya kansa ya kumbura. Ran nan, wani direban tanka ya jefa wa mai walda wata kalma yana dariya. Aka kawo ta tebur. Alƙali ya yi ƙit-ƙit. Magana ta mutu, mai walda har ya juya zai tafi. Sai surukin ya zaro wayarsa, ya karanta ma'anar da ƙarfi, ƙasa bayan ƙasa, kowace ta fi ta baya muni. Bai tsaya nan ba. Aka yi ta miƙo masa tsofaffin kalmomin da aka binne shekara da shekaru, yana tono su ɗaya bayan ɗaya. Ashe babu wanda ya manta tasa.

Mai walda ne ya fara, da guduma. Direban ya rama da ƙarfen jak. Mai faci ya tuna kunnensa, ya kafa wa na kusa da shi haƙora. Bokitin baƙin mai ya tashi sama. Gilashin tanka ya tarwatse. Mai fenti ya tsinci haƙori a ƙasa, ya laluba bakinsa, ya tarar nasa ne. Jini da man inji suka gauraya a kan siminti har ba a bambancewa.

Baba bai gudu ba. Bai taɓa gudu ba. Ya kutsa tsakiya, ya ɗaga Alƙali sama yadda ya saba, don a ga hukuma ta iso. Babbar sifana ta sauko. Ta karya yatsun Baba, ta raba marigayin gida biyu. Baturiyar ta yi wani gajeren nishi, iiii, ta yi shiru. Batiran suka gangara ƙarƙashin tirela. Nan faɗa ya tsaya. Ƙarti suka yi cirko-cirko suna kallon ƙasa.

Baba ya ga hannun da ya riƙe sifanar. Ba zai faɗa a nan ba. Da hagu ya karɓi wayar surukinsa, ya ɗora ta a kan maƙera, ya yi mata abin da ya dace. Ita wannan ba ta cancanci sanarwa ba.

Marigayin ya rasu ya bar jakarsa ta fata, da batira biyu waɗanda har yanzu ba a ga ɗaya ba, da rediyon da suka yi zaman tebur ɗaya, da tarin ƙarti da yanzu suka san abin da aka daɗe ana kiransu. Tun ranar ba mai gaida wani. Kowa na aiki da ƙarfe kusa da hannu. Direbobi sun fara kai motocinsu wani wuri. Allah ya ba da haƙurin rashi.

Za a yi jana'iza gobe da hantsi, a gareji. Ba za a haƙa rami ba. Baba zai naɗe gawar da salatif, ya mayar da ita jakarta, ya ajiye a kan tebur inda marigayin ya saba zama. Nan ne kabarinsa. Masu zuwa su bar wayoyi da sifanu a bakin ƙofa. Suruki zai zo, shi zai wanke jinin da ke kan siminti.

Bayan an watse, doka tana nan yadda take. Mai kalma ya kawo ta tebur. Baba zai danna. In marigayin ya yi shiru, babu kalmar. Wanda ya ce akwai, hannun hagun Baba lafiyarsa ƙalau.