Mai Gadi Da Baturen Talabijin

Wani ne mai gadi a wani gida a unguwar Abhur, can ƙasa mai tsarki. Shekara goma sha tara iƙamarsa, wato takardar izinin zama, ba ta taɓa cewa komai ba sai mai gadi, shi kuwa ba abin da yake so irin ya bar bakin ƙofar nan. A 1983 kafilinsa, ubangidan da ya tsaya masa, ya ba shi tsohuwar talabijin. Ba ya jin Turanci, amma ido yana gani.

Ran nan ya ga wani Bature mai sanƙo da dogon hanci yana buɗe wa baƙi ƙofa. Ya ce, "Allah sarki, abokin sana'a."

Bayan mako biyu sai ga Baturen da kakin ɗan sanda. Wata bai cika ba, ga shi likita. Mai gadin ya hau mota sai unguwar Karantina, wurin Othman mai bin takardu.

"Malam Othman, kai ka ce sauya sana'a sai da sa hannun kafili. To ga wani can a talabijin ya sauya sau biyu a wata guda!"

"Baba, wasan kwaikwayo ne. Aikinsa ke nan."

"Aikinsa wanne a ciki? Ni dai ga hotunana, ka nemo mini irin iƙamarsa."

Othman ya karɓa ya sa a aljihun tebur.

Shekaru suka yi ta tafiya. Bature ya yi alƙali, ya yi kukun jirgin ruwa, ya yi mai haƙa kabari. Duk Juma'a mutumin na Karantina.

"Yanzu fa direban jirgin ƙasa ne. Ni ina nan."

Wata rana aka harbe Baturen. Mutumin ya yi kwana uku bai kunna talabijin ba, har Othman ya zo yi masa gaisuwa. Suna zaune ya kunna don baƙo. Sai ga Baturen, ya tsufa, ya ranƙwafa, yana buɗe wa baƙi ƙofa.

Mutumin ya daɗe yana kallo. Othman ya ce, "To Baba, in ci gaba da neman iƙamar?"

"Halas, shi ke nan, dawo mini da hotunana. Mutumin da har lahira ya gudu, kafilinsa ya je ya dawo da shi bakin ƙofa, ni ina za ni?"