Yadda Za Ki Yi Farcen Jel a Gida Ba Tare da Kin Ɓata Naki Farcen Ba

'Yar'uwa, matso kusa. Idan kika bi matakan nan takwas yadda na jera su, na yi miki alkawarin jel, wato jan farce mai sheƙi wanda ruwa ba ya ci, sabulu ba ya ci, kuka ma ba ya ci. Ni da nake miki magana na shafe kusan awa biyu cur ina kallon bidiyo a waya, sannan na gwada aikin a jikin mutum mai rai. Yana nan da ransa, kuma har yau mijina ne. Wace shaida kike nema bayan wannan?

Mataki na 1: Ki yi fushi da mai gyaran farcenki

Duk wani babban ilimi da fushi yake farawa. Ni a teburin karɓar baƙi na asibitin haƙori nake aiki, wuni nake ina miƙa kati da biro, saboda haka hannuna shi ne fuskata. Wata Asabar na kai shi shago, mai gyaran ta juya shi sama da ƙasa a gaban mata huɗu, ta ce, “Anti, tsakani da Allah, bulo kike bugawa bayan an tashi aiki?”

Aka yi dariya, ni ma na yi, irin wadda ke tsayawa a haƙori. Daga nan na rantse ba za ta ƙara ganin ko ɗan yatsana ba. Ke ma ki samo taki rantsuwar. Idan mai gyaranki mai ladabi ce, ki ƙirƙiro mata laifi.

Mataki na 2: Ki sayi kaya, ki yar da takardar bayani

Za a ba ki 'yar fitila mai kama da ƙoƙon kunkuru, da kwalabe uku, da magogin farce. Kwalba ta farko shimfiɗa ce, ta biyu launi, ta uku sheƙi. Kowacce aka shafa sai a tura hannu cikin fitilar minti ɗaya ta daskare kamar dutse.

A ƙasan kwalin akwai takarda mai ƙananan rubutu. Ki yar. Don marasa baiwa aka rubuta ta.

Mai shagon zai ɗaga miki wata kwalba ta huɗu ya ce, “Hajiya, ga na cirewa, sai da shi fa.” Ki dube shi sheƙeƙe, ki wuce. Wa ke tambayar hanyar komawa tun bai isa ba?

Mataki na 3: Ki nemo hannun aro

A nan masu garaje ke faɗuwa, sai su fara da nasu hannun. Likita yana koyon allura a cinyarsa ne?

Kada ki ɗauki 'yarki, bakinta ba ya riƙe ruwa. Kada ki ɗauki ƙanwar miji, ta fi ki sani. Ki ɗauki maigida.

Nawa malamin ladabtarwa ne a makarantar 'yan mata. Duk Litinin da safe yana tsayawa a filin taro ya duba faratan yara ɗari shida ɗaya bayan ɗaya, da abin yanke farce a rataye jikin makullansa. A makon ne kuma Shugabar makarantar za ta zaɓi mataimaki tsakaninsa da malamin kimiyya, wanda suke kira Farfesa, mutumin da rabon su gaisa tun zangon karatu biyu da suka wuce. Na san duk wannan. Amma gwana ba ta bari ƙananan abubuwa su tsayar da ita.

Ki jira Lahadi da la'asar yana kallon ƙwallo, an dawo hutun rabin lokaci, ana cin ƙungiyarsa ɗaya da nema. A lokacin ko ƙodarsa kika roƙa zai ba ki.

Na ce, “Malam, ara mini hannunka.”

Bai juyo ba. “Na me?”

“Wani mai ne na ƙarfafa farce. Ba shi da launi.”

“Yana fita?”

“Ko da ruwa.”

Ya miƙo na dama. Ki lura ban yi ƙarya duka ba, kwalbar farko da gaske ba ta da launi.

Mataki na 4: Ki shafa da kauri

Masu bidiyo za su ce a shafa siriri-siriri. Marowata ne. Ke ki lafta, ki bar shi ya gangara har kan fata, ya cika lungu da saƙo. Ni ja na zaɓa, mai ƙyalƙyali a ciki, irin wanda ake hangowa daga tsallaken titi.

Da hannun ya shiga fitila, kaurin zai sa farcen ya ɗauki zafi. Malam ya zabura. “Ke, wannan abin ƙona ni yake!”

“Alamar yana shiga ne.”

Allah ya taimake ni aka ba su bugun daga kai sai mai tsaron gida, ya manta yana da hannu. Na yi shafi biyu na launi, na rufe da na sheƙi, yatsu biyar reras. Ban taɓa yin abu mai kyau irin wannan ba, har da 'ya'yan da na haifa.

Mataki na 5: Idan ya gani, ki riga shi yabawa

Aka tashi wasa an ci su biyu. Ya kai hannu zai ɗauki rimot, sai ya tsaya. Ya daɗe yana kallon hannun kamar na wani ne aka manta a falonmu.

“Maman yara, mene ne wannan?”

“Ka ga sheƙi ko? Kamar na shago.”

“Kawo ruwan.”

Ki kawo. Ki kawo sabulu. Ki kawo ruwan goge jan farce na yau da kullum, da kananzir, da man goge baki, da soson ƙarfe na wanke tukunya. Mun gwada su duka a bakin famfon banɗaki, yana zaune a kan bokiti. Fatar yatsunsa ta yi jawur ta soma tsattsagewa, farcen kuwa ƙara haske ya yi. Ya sa reza, ya yanki kansa. Shagon da na sayi kayan kuma ba ya buɗewa ranar Lahadi.

Ya ce, “Kira mai gyaran farcenki. Ita ta san makarinsa.”

A nan ake gane mace mai aji. Ki kara waya a kunne, ki ƙirga goma a zuci, ki ce, “A kashe take.” Haka na yi. Rantsuwa ba wasa ba ce.

Mataki na 6: Bandeji

Litinin da sassafe ki naɗe hannun gaba ɗaya, tun daga wuyan hannu har kan yatsu, ki koya masa labari: ƙofar mota ce ta datse shi. Ki sa ya maimaita, don irin su Malam ba su iya ƙarya ba, sai sun yi ta haɗiyar yawu.

Bai taɓa shayinsa ba. A bakin ƙofa ya juyo, muryarsa ƙasa-ƙasa, ya ce, “Shekara goma sha huɗu nake jiran kujerar nan.”

Za ki ji wani abu ya tokare miki ƙirji. Kada ki kula, iska ce. Ki sha ruwa ki tafi aiki.

Mataki na 7: Ki zauna a wurin aiki, labari zai same ki

Ni kafin azahar ya same ni daga baki uku, kuma duk sun yi daidai.

Malam ya fara duba faratai da hannun hagu, har ya fitar da yara huɗu masu jan farce ya jera su a gaba. Sai Shugaba ta hango bandejin. Mace ce mai tausayi, kuma mai tausayi ta fi maƙiyi haɗari.

“Subhanallahi, Malam, me ya same ka?”

“Ƙofar mota ce, ranki ya daɗe.”

“Kuma ka fito aiki? Ina nas? Ta duba shi yanzu-yanzu, kada ya rube.”

Ya ce ya ji sauƙi, ya ce an riga an duba. Nas ta riga ta kama bakin bandejin. A nan kan barandar taro ta warware shi, rana tana fitowa daidai saitin hannun.

An ce jan farcen ya ɗauki ido tun daga layin farko har na ƙarshe. Can wata daga layin baya ta saki wani ɗan ƙara, shi ke nan filin ya kece, yara ɗari shida, har da masu riƙe ciki suna durƙushewa. Shugaba ta cire tabarau, ta goge, ta mayar, ta sunkuya ta duba da kyau.

“Malam, wannan ƙofar motar a ina ake sayar da ita?”

Ya ce, “Ranki ya daɗe, ƙarya na yi. Matata ce ke koyon sana'a.” Sannan ya juya wurin yaran nan huɗu. “Ku koma layi. Yau ba ni da bakin magana.”

Wanda ya cece shi Farfesa ne. Ya ratso malamai ya kama shi ya kai shi ɗakin gwaje-gwaje, ya jiƙa auduga da wani ruwa mai kaifin wari da ake kira asiton, ya ɗora a kowane farce, ya naɗe da takardar foyil, mai ƙyallin nan ta naɗe abinci. Suka zauna jiran minti goma sha biyar. Can Farfesa ya leƙa ƙofa, ya cire hular da ya yi mako uku bai rabu da ita ba. Gashin kansa ya koma launin ruwan lemo tas.

Ya ce, “Tawa rini take koyo.”

An ce har ofishin Shugaba ana jin dariyarsu.

Mataki na 8: Ki ba da haƙuri, amma ki shirya

Kujerar dai malamar lissafi aka ba. Shugaba ta ce tana son wanda ba shi da mata mai koyon sana'a a gida.

Malam ya dawo da faratai fari fat, sun yi kaushi kamar bangon da ba a yi wa fenti ba. Kwana uku daga sallama sai sallama. Yana cin abinci, yana duba littattafan yara, yana wuce ni kamar kujera. A rana ta uku na kasa jurewa, na durƙusa gefen teburinsa na ce, “Malam, ka yafe mini. Kuma ranar nan ban kira matar ba.”

Bai ɗago ba. “Na sani. A juye kika riƙe wayar.”

Washegari da yamma ya jawo fitilar ya jona, ya zaro wata sabuwar kwalba daga aljihu, ya ce, “Kawo hannunki.”

Kore ne, irin na ruwan kwata. Ya lafta shi yatsu goma, har kan fata, yana cije leɓe kamar mai ba da maki. Da na ce yana ƙona ni, ya ce in yi haƙuri, sana'a yake koyo. Minti arba'in yana riƙe da hannuna, abin da rabonsa da yi tun kafin a haifi babbarmu, kuma a yatsa na bakwai na ga kafaɗarsa tana rawa, sai muka fashe da dariya tare har ya ɓata babban yatsa.

Na ce, “To ina na cirewa?”

“Yana wurin Farfesa. Ya ce ya ƙare.”

Mako biyu na yi ina miƙa kati da koren hannu. Wata tsohuwa da ta zo cire haƙori ta riƙe shi da tausayi, ta ba ni sunan maganin da ya warkar da ƙanwarta.

Sanarwa

Mai wannan rubutu ba ta da hannu, kore ko ja, a duk abin da ya biyo bayan bin shawararta. Wadda aka hana wa miji ƙarin girma, wadda aka daina yi wa magana, wadda aka haɗa wa akwati, duk ta kuka da kanta, ni ban san ta ba, ban taɓa ganinta ba, kuma gidanmu ba shi da ɗakin baƙi. Sai dai idan naki mijin mai nauyin barcin rana ne, kuma yana kwanciya ba safa, ki neme ni a asirce. Akwai wani shuɗi da ban gwada ba tukuna.