Akwatin da Ya Kurmantar da Unguwa

Ranar Litinin ma'aikatan hukumar sadarwa suka shigo gidanmu suka cire akwatin ƙara ƙarfin sabis daga ɗakin mahaifiyata, tana kwance tana kallonsu. Wai haramtacce ne. Ni kuwa a kasuwa na saye shi, da rana tsaka, a shago mai ƙofa biyu. Inna shekara biyu ke nan ba ta taka ƙasa ba, ɗakinta yana can ƙurya inda waya ba ta kamawa ko ɗigo, na saya ne don ta riƙa jin muryar autanta da ke aiki a nesa. Suka tafi da shi, suka bar mini takarda mai layi ɗaya a buɗe: sunan wanda ya kafa. Suka ce in cike in kai kafin Alhamis, in kuma mai lasisi ne, lasisinsa zai tsaya sai an gama bincike.

Wanda ya kafa ɗan kawuna ne, taubashina, mai gyaran rediyo da ɗaura eriya, kuma da lasisin nan yake riƙe da gidansa. Na ninke takardar na nufi shagonsa. Na tarar ya duƙufa a kan wata talabijin da ya farke wa baya, ƙarfen narka dalma a hannu, tabarau a ƙarshen hanci.

"...lafiya lau, sai dai gajiyar ganinki," in ji shi, ko ɗagowa bai yi ba. "Tun kina kwanar titi na jiyo ki. Na ce yau ga Lasifika nan tafe, ba batir ba waya."

"Sannu, Injiniyan bakin kwata. Talabijin ɗin wa kake kashewa yau?"

"Ta wani ce da ya fi ki tarbiyya. Ya Gwaggo?"

"Gwaggonka na gaishe ka. Ta ce a tambaye ka ko kana da bargo mai kauri, an ce gidan yari da sanyi."

"Kar ki zauna nan, kujerar masu kawo aiki ce."

"Ai aiki na kawo. Goge tabarau ka karanta."

Ya karanta sau biyu. Dalma ta ɗiga a kan tebur bai lura ba. Amma da yake shi ne, sai ya murmusa.

"Shekara arba'in kina neman hanyar da za ki rubuta sunana a takarda. Da aka hana ki ni, sai kika bi ta hukuma."

"Allah Ya tsare ni. Da na aure ka da yanzu sukurudireba nake samu a ƙarƙashin filo."

"Da kin huta. Ni kaɗai na san inda maɓallin rage muryarki yake." Ya ajiye takardar. "To, wa ya kai ƙara? Mai ɗinkin nan da kika ce ta ɓata miki riga?"

"Babu wanda ya kai ƙara. Ji suka yi."

"Ji?"

"Ɗan kawu, bari in gaya maka, don ko za ka shekara ɗari a shagon nan ba za ka ga abin da na gani ba. Wata farar mota ce ta shigo layinmu a hankali, da wani abu a samanta yana juyawa. Wata mace ta fito, wallahi ba ta kai 'yata ta fari ba. A hannunta wani ƙarfe kamar ƙayar kifi, a wuyanta ta rataya wani ɗan allo. Ba ta tambayi kowa komai ba. Ta ɗaga ƙarfen ta nuna gabas, ta nuna yamma, ta kama tafiya. Ta wuce mai aski. Ta wuce mai kanti. Ta wuce ƙofarmu da taku biyar, sai ta tsaya cak, ta dawo da baya."

"Ta dawo da baya?"

"Kamar an ja ta da igiya. Ta yi sallama ta ce, Hajiya, a gidan nan akwai abin da ke ihu."

"Kin ce mata ke ce?"

"Na ce mata ni kaɗai ce mai ihu a nan, kuma yau ban fara ba. Ta yi dariya ta nemi izini. Ta wuce falo, ta wuce kicin, ta bi lungun nan mai duhu da kai kanka sai ka buga goshi. Babu wanda ya nuna mata hanya. Tiryan-tiryan har ɗakin Inna, ta gaishe ta, ta sa hannu ta ɗaga ƙyallen. Ga shi nan."

Ya zare filogin ƙarfen dalma ya juyo da kujerarsa gaba ɗaya. Rabon da ya saurare ni haka tun muna yara.

"Allon fa? Kin leƙa?"

"Ita ta nuna mini. Wani koren layi ne yana rawa, da 'yan tuddai ƙanana suna tashi suna kwanciya. Ta ce kowane ɗan tudu wani ne yake magana da wani. A ɗakin Inna fa! Ɗakin da nake sharewa kullum ina cewa Allah sarki, tsohuwa ita kaɗai. Ashe cike yake da maganar mutane, tana ratsa bango, tana ratsa sif, tana ratsa ni kaina ina tsaye da tsintsiya."

"Ke ko bango ba ya ratsa ki, balle magana."

"Yi shiru. A tsakiyar allon kuma ga wani dutse, ya tashi har ya fice ta sama, ya danne kowa. Na ce wannan fa, wane babban mutum ne? Ta ce naku ne."

"Akwatin da bai fi sabulun wanki biyu ba?"

"Shi. Ta ce kwana goma sha tara yana yi wa ƙarfen sabis na bakin gada ihu a kunne, ƙarfen ba ya jin kowa sai mu. Ta ce in zare filogin akwatin da hannuna. Na zare. Ɗan kawu, dutsen nan ya faɗi, shafe, kamar ba a taɓa yin sa ba. Kafin in saki wayar wuta, abokin aikinta da ke can gindin ƙarfen ya yi magana ta obaoba ya ce, ya sauka. Daga bakin gada ya gani! Sai kuma na ji layinmu ya ɗauka, wayar mai aski, wayar mai kanti, ta mai ɗinki, ƙiriring, ƙiriring, saƙonni suna ta zubowa. Inna ta ce, yau kuma me ake yi a waje?"

Ya cire tabarau ya riƙe.

"Shekara talatin," ya ce a hankali, "ina hawa rufin mutane ina juya eriya, ina ƙwala wa na ƙasa kira, ya yi? Ya yi? Da kunnen wani nake aiki. Abin da nake nema ban taɓa ganin sa da ido ba. Ke da ko fitila ba ki iya canja wa batir, ke aka nuna wa."

"Allah ne Ya san wanda ya cancanta."

"Kore ne kika ce?"

"Kore shar. Ta kuma ce iskar nan da muke gani fanko, a rabe take, kowa da layinsa. Masu kashe gobara da nasu, jirgi da nasa, motar asibiti da nata. Duk abin da zai aika murya sama sai da izini, shi ya sa doka ta hana irin akwatin nan. Ta ce nas ɗin ƙaramin asibitinmu sai ta fita har bakin titi take samun likita a waya. Kusan mako uku. Na rasa inda zan sa fuskata."

"Fuskar ai da girma, dole a rasa." Ya mayar da tabarau, sai na ga ya ƙanƙance ido. "Tsaya tukuna. Wata huɗu ke nan da na kafa shi. Eriya ɗaya a kan rufi, ɗaya a ɗaki, bango uku tsakaninsu. In aikina ne ke ihu, da tun ranar farko zai fara. Me ya faru kwana goma sha tara da suka wuce? Kuma wane ƙyalle ta ɗaga? Ni ban bar ƙyalle ba."

"Ya iyali? Ya yaronka mai ciwon haƙori?"

"'Yar gwaggo. Wane ƙyalle?"

"Ruwa aka yi."

"To?"

"Ruwa mai iska. Na leƙa na hango 'yar eriyar nan a sama ita kaɗai, ruwa na dukanta, abin da na saya da gumina. Da aka ɗauke na ari tsani."

"Ke? Da wannan jikin? Tsanin yana raye?"

"Na sauko da ita, na goge ta tas, na naɗe wayar, na ajiye ta kusa da 'yar'uwarta a kan tebur. Suka yi kyau kamar tagwaye. Na rufe su da ƙyalle mai aiki saboda ƙura."

Ya ɗora hannu biyu a ka.

"Innalillahi! Kin taɓa ganin an kara makirufo a bakin lasifika? Wannan ƙarar mai tsinka kunne? Shi kika yi! Ɗaya na faɗa, ɗaya na ji, tana mayar mata, suna ta zuga juna dare da rana. Kamar a kulle ki ɗaki ɗaya da ke kanki!"

"Haka ta ce, amma ita da ladabi ta faɗa."

"Kika ce mata me?"

"Na ce ban san yadda aka yi ta sauko ba."

"Fiffike ta yi. Har ta lulluɓe kanta."

"To kai malam mai sani, da na kawo maka akwatin, me ya hana ka ce mini haramun ne? Ba kai ne mai lasisi a firam ba? Ga shi can, har da hotonka lokacin kana da gashi."

Wannan ta same shi. Ya kalli firam ɗin, ya kalli ƙasa.

"Na ji ƙishin-ƙishin. Ban bincika ba. Gwaggo ce ta riƙe mini hannu ta ce tana so ta ji muryar yaron nan. Ita ta goye ni da uwata ta rasu, kin sani. Me zan ce mata, sai na duba littafi?" Ya miƙo hannu. "Ba ni takardar. Ni na fara ɗora shi, ni zan rubuta."

Ya zaro biro daga aljihu. Na fizge biron.

"Kai wa? Ji mini ɓarawon aiki! Abin da suka tarar a tebur kai ka haɗa?"

"Lasifika, ba wasa nake ba."

"Ni ma ba wasa nake ba. Naka ya yi wata huɗu ko kare bai yi masa haushi ba. Ni da tsani ɗaya da ƙyalle ɗaya na rufe wa unguwa guda baki, na sa mota ta taso takanas, na sa an tura mutum gindin ƙarfe. A shekara talatin ɗinka an taɓa turo ko keke dominka? Yanzu da suna ya fito sai ka ce naka ne?"

"In suka tambaye ki wa ya fara ɗorawa fa?"

"Sai in ce wani tsoho ne mai sanƙo, ya ɗora daidai, ni na gyara. Ba zan yi ƙarya sau biyu ba, ta ƙyallen ma ta ishe ni."

Na danne takardar a kan bayan talabijin ɗin mutane na rubuta sunana, manyan baƙaƙe, har da na mahaifina. Yana kallo har na gama. Can sai dariya ta ƙwace masa, ya yi ta ƙyalƙyalawa har da tari.

"Na sallama. Ke ce Injiniya, ni yaron shagonki ne." Ya miƙe ya ɗauko wata 'yar rediyo ja daga kanta, ya hure mata ƙura, ya dangwara mini a cinya. "Ungo, kai wa Gwaggo. Wannan saurare kawai ta iya, ba ta mayar da magana. Ki riƙa zama kusa da ita ko Allah Ya sa ki koya."

"Batir fa?"

"Kin ga halinki!"

Na karɓi batir ɗin ma.

Gobe zan kai takarda, kuma duk hukuncin da ya hau kaina na ɗauka. Amma ku masu farar mota, ku saurara. Na ga aikinku, na kuma jinjina, har yanzu in na shiga ɗakin nan sai in tsaya ina kallon iska. To amma wanda ya iya gano abu kamar sabulu a ƙarƙashin ƙyalle a ƙuryar ɗakin tsohuwa, ba zai ce mini bai ga shago mai ƙofa biyu ba, da akwatunan jere har rufi da allon talla a waje. Ku je ku kwashe su tun kafin wata ta saya. Ku manna sanarwa a bakin kasuwa da harshen da muke ji. Sannan ku dawo gidanmu da ƙarfen nan naku, ku auna ɗakin, ku gaya mini halattacciyar hanyar da uwata za ta ji muryar ɗanta. Kun san ƙofar, ba sai na yi muku kwatance ba.