Kwat Ɗin Bajapane

Har gobe ban manta da ranar da kirkina ya kusa rusa fim ɗin wani bawan Allah ba. Lokacin ina ɗinki a wani shago a titin 116, can Harlem, sai wani Bajapane ya fara zirga-zirga a unguwarmu yana shirya fim kan rayuwar wani direban tasi. Shi ya rubuta labarin, shi ke riƙe kyamara, shi ke ba da umarni, hatta tufafin 'yan wasa shi ke haɗawa. Da na ga mutum ɗaya na aikin mutum biyar, nan take na yanke cewa talauci ne (a garinmu mai hali ko jakarsa ba ya ɗauka).

Ran nan ya kawo mini wata tsohuwar kwat, ya ce maɓalli ɗaya zan mayar. Na duba: gwiwar hannu a yage, aljihu na reto, wuya ya yi baƙi ƙirin. Tausayi ya kama ni. Na ce baƙo ba zai fita daga shagona da wannan tsumma ba. Na wanke ta, na ɗinke, na sake mata shafi, na buga mata guga. Har ina raya wa raina yawan ladan da na samu.

Washegari na miƙa masa ita ina murmushi. Ya daɗe yana kallonta (ni a zatona daɗi ne ya kama shi). Can ya sunkuya ya gode mini, sannan a hankali ya ce sati uku ya yi yana tsofar da ita da hannunsa, da ruwan shayi da reza. An ɗauki rabin fim jarumin na sanye da ita a haka, gobe kuma za a ɗauki ragowar.

Kunya ta rufe ni, na rasa inda zan sa idona.

La'asar ta same ni tsugune a bakin titi ina gurzar aikina a siminti, shi yana nuna mini hoto a waya yana cewa in ƙara yagawa a nan. Alhaji Mamane, mai kantin kusa da mu, ya leƙo ya ce, "Tela, lahiya dai? Mutane na ɗumki, kai kana ɓarkewa?"

An dai ƙarasa fim ɗin da kyar. Ni kuwa tun daga nan, kafin in taimaki mutum sai na fara tambayarsa ko zai iya ɗaukar taimakon nawa.