Sunan da Sitti Larai Ta Ƙi Faɗa a Mahkama

"Lafiya lau, alhamdu lillahi. Ya gajiyar mahkama, amarya?"

"Gajiya ta bi lafiya. Cire takalmin nan, ɗan banza, yanzu Najwa ta goge wurin."

Yayana Nawaf ke nan, ya shigo bayan la'asar daga shagon wayoyin da yake aiki a Sharafiyya. Mai amsa masa kuwa kakarmu ce, Sitti Larai, wadda ta haifi babanmu. Ina gefe ina mayar da takardu cikin jaka, don a gidanmu na Hindawiyya, a nan Jidda, ni ce mai ajiyar su.

Ga abin da ya kai mu mahkama. Matar da Sitti ta yi wa aiki shekara talatin, wadda iƙamar Sitti, wato takardar izinin zamanta a ƙasar, take ƙarƙashin sunanta, ta rasu, magada kuma suka ce ba za su sabunta ba. Saura kwana goma sha tara iƙamar ta mutu. Mafita ɗaya ce, a mayar da ita ƙarƙashin ta mijinta, wato kakanmu Sidi. Sai aka ce a kawo takardar aure. To, auren da aka ɗaura shekara hamsin da ɗaya a masallacin lungunmu, da fatiha da dabino da alawa, wa ya ba shi takarda? Shi ne da safiyar ranar muka ɗunguma da tsofaffi biyu masu shaida, a tabbatar da auren.

Komai ya tafi daidai har ma'aikacin ya ɗago kai ya tambayi Sitti sunan mijinta. Ta ce, Malam. Ya ce sunansa yake nufi. Ta ce, Maigida. Ya yi murmushi ya ce, to, Abu wa, wato baban wa? Nan ma ta yi shiru, don babanmu ɗan fari ne, shi ma ba ta kama sunansa. Mutumin ya dube ta, ya dubi Sidi, ya rufe takardun. Ya ce mu dawo ran Lahadi, in kuma ta sake haka, shi ba zai sa hannu a auren da matar ba ta san sunan mijinta ba.

Nawaf ya zauna dab da ita, ya jawo tiren shayinta gabansa.

"Ni dai tsakaninki da Allah, ya Sitti, mantawa kika yi, ko tun asali ba a gaya miki ba?"

"Ƙaniyarka."

"A'a, ai ana yi. An kawo ki ɗaki fuska a rufe, aka ce ga mijinki nan, kika ce to. Shekara hamsin kina jin nauyin ki tambaya."

"Ji mai kai kamar tulu. Sunan da na sani tun ubanka bai zo duniya ba?"

"Ɗayyib, faɗa."

"Ba na faɗa."

"Lesh?"

"Don ni 'yar mutunci ce. Uwata ta koma ga Allah ba ta kama sunan ubana ba, kakata ma haka. Sai ni, da furfurata, in tsaya gaban yaron da bai fi sa'arka ba, in wage baki kamar mai kiran akuya?"

"Bai ce ki kira shi ba, cewa ya yi ki faɗa."

"Da faɗa da kira duk da baki ake yi. Ni abin da ya ɗaure mini kai, ga mutum zaune a gefena, ga iƙamarsa a hannun yaron, da hoto da komai. Bai iya karatu ba ne? Yanzu gwamnati har waɗanda ba su iya karatu ba take ɗauka?"

"So yake ya ji daga bakinki, ya tabbata ba tsoho kika tsinto a bakin titi ba."

"In tsintuwa zan yi, sai in tsinci mai tari?"

Nawaf ya kusa ƙwarewa da shayi. Sitti ta janye tirenta.

"Kai da kake baki, da ya juya ya tambaye ka sunan kakanka, me ka ce?"

"Na ce Sidi."

"Sannan?"

"Sannan... na ɗan duba Najwa."

"Ka gani! Wanzami ba ya son jarfa. Ni na sani na ƙi faɗa, kai kuwa fanko ne, ba komai a ciki. Ƙato da gemu bai san sunan kakansa ba."

Gaskiyarta. Ni na raɗa masa sunan a kunne, ma'aikacin kuma ya gan mu, abin da ya ƙara dagula lamarin ke nan.

"Laifin wa?" in ji Nawaf. "Gidan nan ba mai suna. Babana 'Yaron nan', Sidi 'Malam', baffana 'Ƙanin wancan'. Wallahi har na gama firamare ina zaton Malam ne a rubuce a iƙamarsa. Gida kamar na masu gudun 'yan sanda."

"Gidan masu kunya dai. Ku da aka haifa jiya, matarka za ta tsaya a baranda tana ƙwala maka kira, Nawaaf, kamar mai tallan gas."

"In ta kira in amsa, a ba mu takarda mu tafi gida. Ke kin yi kunya kin dawo hannu biyu. Yaya ma ake cewa, Najwa? Kunyar mara..."

"Kunyar mara kunya asara ce," na ce.

"Shi ne."

"Karin maganar ma sai an ara maka, kuma ba a nan take shiga ba," in ji Sitti. "Hausarka kamar rigar gwanjo, hannu ɗaya ya fi ɗaya."

Na sa baki, na ce ko za ta rubuta sunan a takarda ta miƙa masa. Ta harare ni.

"Da wane hannun? Alif ɗina kamar tafiyar kaza a ƙasa. Ni na riga na samo dabara. In ya tambaya sai in ce masa, sunan limamin nan na Ruwais da ya rasu shekarar ambaliya. Shi ke nan, mai hankali ya gane."

"Mahkama ce fa, ya Sitti, ba dandalin kacici-kacici ba. Shekarar ambaliya yaron nan yana shan nono."

"To ya tambayi ubansa."

"Ni ga shawara mai sauƙi. In ya ce wa ne mijinki, ki ce Nawaf. Sunana ai kina faɗa, har da zagi a kai. A rubuta mu, halas, kowa ya huta."

"Allah ya kiyashe ni. Mijin da ke kwana a ɗakin uwarsa? Tun da nake da kai ko ful, waken nan na riyal biyu, ka taɓa shigowa da shi? Miji ba cefane, sai dogon wuya kamar zalɓe."

"Ke ma ai ragi zan yi miki. Amarya da haƙori huɗu, biyu ma ba sa ga maciji da juna."

"Huɗun nan sun ci naman da ba ka taɓa gani ba."

Suka yi dariya tare. Sai Nawaf ya ajiye kofin, muryarsa ta sauka.

"Sitti, in iƙamar nan ta mutu, ina za su kai ki?"

"Ƙasarmu mana."

"Wa kika sani a can?"

Tana da shekara bakwai iyayenta suka zo da ita aikin hajji, ba ta sake komawa ba. Iyayen suna kwance a maƙabartar Jidda, 'ya'yanta da jikokinta duk a nan aka yanke musu cibi.

"Akwai wata tsamiya a ƙofar gidanmu," ta ce a hankali.

"Tsamiya za ta karɓe ki a filin jirgi?"

Ta shiga gyara bakin mayafinta. Nawaf ya dube ta jim kaɗan, sai ya zaro wayarsa daga aljihu ya gyara zama.

"Ba komai. Dama na tambayi wani abokina, ya ce an sauƙaƙa. Yanzu komai a waya ake yi. In mace ta ce mijinta Malam, sai na'ura ta duba malaman unguwar ta zaɓa mata ɗaya."

"Ta zaɓa mata me?"

"Miji. A lungun nan Malam huɗu ne. Da Sidi, da Malam mai ɗinki, da Malam na masallaci, da Malam Zaharadden mai tsire."

"Ƙarya kake, maƙaryacin banza. Najwa, da gaske yake?"

Ni kaina na rikice. Ranar zuwa mahkamar a waya aka ba mu, sabunta iƙamar babanmu a waya aka yi, har maganin hawan jinin Sidi a waya ake nema. Na ce mata wallahi ban sani ba.

"Ga shi ya buɗe," in ji Nawaf, yana shafa fuskar wayar. "Larai, Hindawiyya. Sunan miji, Malam. Yana dubawa... yana dubawa... Masha Allah! Mabruk, ya arusa. Zaharadden ya fito."

"Wane Zaharadden? Mai jan gemun nan?"

"Shi fa. Kin huta da sayen nama."

"Mutumin da ke share hanci da hannun riga, ya koma ya barbaɗa ƙuli? Ko tsirensa ba na ci, balle in zauna ƙarƙashin iƙamarsa!"

"To, na'ura ce ta gani, ta ga kun dace. Shi jan gemu, ke jan haƙori."

"Goge shi."

"Ba ya goguwa sai an sa wani suna a madadinsa."

"Najwa, sa masa."

"Ba ya karɓa sai da muryar matar," ya yi wuf ya ce, ya kara mata wayar a baki. "Kin ga wurin nan kore? In na danna, gobe da safe a kai kayanki bayan tukubar tsire. Sidi kuma a nemo masa wata, akwai wata bazawara a Ruwais mai haƙoran Makka."

"Kai, Nawaf, ka ji tsoron Allah. Bakin rijiya ba wurin wasan makaho ba ne."

"Ni ɗan aike ne. Zan ƙirga uku. Wahid."

"Zan haɗa ka da ubanka."

"Wa ke nan? Faɗi sunansa. Itnen."

"Najwa, ƙwace abin nan!"

Na miƙe, ya ɗaga hannu sama inda ba zan kai ba, yatsansa a kan koren wurin.

"Tala..."

"Kada ka kuskura! Abduljalil ne! Abduljalil Bello!"

Sitti ta dafe bakinta da hannu biyu.

"Na'am?"

Daga ɗakin ciki muryar ta fito. Muka ji takun sanda, sai ga Sidi ya ɗaga labule, carbi a hannu, hularsa a karkace don daga kishingiɗa ya taso.

"Wa ya kira ni? Rabon da a kira ni haka a cikin gida tun Inna tana da rai."

Sitti ta ja mayafi ta lulluɓe har ƙafa, ta zama kamar ƙunshin wanki. Nawaf ya yi gyaran murya.

"Ni ne, ya Sidi. Mura nake yi, ta siranta mini murya."

Sidi bai ko dube shi ba. Ya daɗe yana kallon ƙunshin mayafin, gemunsa yana ɗan motsi.

"To," ya ce. "Muryar da daɗi. Allah ya bar maka murar."

Ya saki labule ya koma. Sai da takun sandar ya ɗauke sannan ido ɗaya ya leƙo daga cikin mayafin.

"Ya tafi?"

"Ya tafi."

"An goge mai tsiren?"

Nawaf ya juyo mata da wayar. Ni ma na leƙa. Hoton soyayyar kaza ne da dankali, koren wurin kuma na aiko da abinci ne.

Takalminta ya same shi a kafaɗa kafin ya kai ƙofa, na biyun ya sami bango. Yana dariya har da durƙusawa, yana cewa ya tuba, ya bi Allah ya bi amarya. Ita tana haki tana jero masa: ɗan nema, mai wuyan zalɓe, wanda ko Zaharadden ba zai ɗauka wankin tsinke ba.

Da ta gaji ta koma ta zauna, ta kwance bakin zanenta ta ciro goro, fari ƙal, irin wanda ba ta ba kowa. Ta ɓare shi biyu ta jefa masa babban ɓarin.

"Ungo, mugu. Lahadi ƙarfe bakwai ka zo da mota."

"Za ki faɗa?"

"Sau ɗaya. Kuma ka gaya wa yaron ya buɗe kunnensa da kyau, don ba na maimaitawa." Ta saci kallon labulen, ta rage murya. "Shi kuma ka san yadda za ka yi ka fitar da shi shan iska tukuna."