Sarkin Hanci da Kujerar Kanar

"Ku rufe mini ido ku miƙo katako," in ji Dakta Crispin Tunstall, "da shinshina ɗaya zan faɗa muku shekarar da aka sare bishiyar, da abin da kafintan ya karya kumallo da shi!"

Haka yake cika baki a kowace liyafa a lardin Shropshire na ƙasar Turawa, har aka laƙaba masa Sarkin Hanci, gogan naka kuwa ya ɗauka naɗi ne. Mataimaki ne a gidan adana tsofaffin kujeru da tebura, ya daɗe yana haɗiyar yawu a kan muƙamin shugaba. Da shugaban ya yi ritaya, zaɓi ya koma hannun Uwargida Winifred, tsohuwar da dukiyarta ke riƙe da gidan. Ta gayyace shi gidanta shan shayin la'asar tare da 'yan kwamiti don ta gwada shi.

Tun kafin ya tuɓe rigar ruwa ya hango wata kujera mai hannuwa a lungun bene.

"Ranki ya daɗe! Wannan taska kika yar a nan?"

"Af, Dakta, ai wannan ta Yaya ce..."

"Kada ki faɗa! Bari hanci ya yi aikinsa."

Ya kinkimo ta tsakiyar falo yana haki, ya durƙusa, ya shaƙa. "Zamanin Sarki George na Biyu!" Yana shafa mazaunin sai ya ɗago kamar murfi, ga wani farin kwano mai hannu a ƙasa. 'Yan kwamiti suka kalli juna. Amma ka san mutanenmu, gara su haɗiye harshe da su ambaci irin wannan abu ana shan shayi.

"Maɓoyar shayi!" Crispin ya daka tsalle. "A da ganyen shayi ya fi zinariya, uwargida kan zauna a kansa don kada barori su sata. Littafi guda zan rubuta!"

"Dakta, da dai ka mayar..."

Ina! Wanda ya yi nisa ba ya jin kira. Ya cusa hancin nan har gira. "Shayin Sin, wallahi! Har yanzu ƙamshin bai mutu ba." Sai ya ɗauki buta ya tsiyaya a kwanon, ya ɗiga madara, ya ɗaga ƙaramin yatsa irin na manya, ya kurɓa. Ya lumshe ido. "Tarihi nake sha, jama'a."

Nan sanda ta fara ƙwanƙwasa bene. Kanar Barnaby ne, yayan Uwargida, tsohon soja mai nauyin ji, wanda maganarsa duk ihu ce. Yana saukowa yana matse ƙafafu.

"Winnie! Wane ɗan banza ya ɗauke mini fo? Na matsu!"

Wata 'yar kwamiti ta cusa adiko a baki, kafaɗunta na rawa. Crispin ya ji shugabanci na zamewa, ya yi ta maza, ya ɗaga kwanon.

"Yallaɓai, da girmanka, hancina bai taɓa ƙarya ba. Shayi na ji!"

Kanar ya leƙa kwanon, ya dubi gashin bakin Dakta yana ɗiga.

"Shayi ne mana, yaro! Sai dai ni na riga ka shan sa."